'Yar Ruwan Zennor: Tarihihi, Sassaƙa da Ɓacewar Harshe a Ƙasar Konwal

Gabatarwa

Masu nazarin adabin baka sun daɗe da bambanta tatsuniya da tarihihi. Tatsuniya ba ta neman a gaskata ta. Da "ga ta nan, ga ta nanku" ake buɗe ta, da "ƙurunƙus" ake rufewa, kowa kuma ya san shiri ne na hira da tarbiyya. Shi kuwa tarihihi yakan zo da shaidarsa a hannu. Yakan ambaci sunan mutum, ya nuna rijiya ko dutse ko kushewa, ya ce ga inda abin ya auku, mai musu ya je ya gani. Saboda haka mai binciken tarihi ba shi da halin yar da shi, ba shi kuma da halin haɗiye shi ɗungurungum. Aikinsa shi ne ya tambayi shaidar nan, ya ji ko abin da take faɗi ya dace da abin da ake faɗi a kanta.

Wannan maƙala za ta ɗauki tarihihi guda daga wata ƙasa mai nisa, watau labarin 'yar ruwan ƙauyen Zennor da ke lardin Konwal a kudu maso yammacin Ingila, ta bi sawunsa cikin tarihi. 'Yar ruwa, a siffar da Turawa suka san ta, halitta ce wadda daga kai zuwa ƙugu mace ce, daga ƙugu zuwa ƙasa kuwa kifi. Abin da za a yi ƙoƙarin nunawa shi ne, shaidar da mutanen Zennor ke kafa hujja da ita, watau wata sassaƙa a jikin bencin cocinsu, dalilai sun fi karkata ga cewa ita ce ta haifi labarin, kuma ba ta haife shi ba sai bayan da aka rasa masu bayyana ma'anarta ta asali.

Ƙasar da Mutanenta

Konwal zirin ƙasa ne da ya kutsa cikin Tekun Atlantika, ruwa ya kewaye shi ta gefe uku, kogin Tamar kuma ya shata masa iyaka da sauran Ingila ta gabas. Mutanensa na asali ba Ingilishi ba ne. Suna da harshensu da suke kira Kernewek, wanda za mu kira Konwalanci, ɗan'uwan harshen mutanen Wales da na mutanen lardin Bretan na ƙasar Faransa. Sana'o'insu na gado su ne su, da haƙar kuza da tagulla, da ɗan noma da kiwo a ƙasa mai duwatsu.

Zennor yana can ƙarshen yamma, a yankin da ake kira Penwith, kimanin mil 6 arewa da garin Penzance, tsakanin St Ives da St Just. Ƙaramin wuri ne. A ƙidayar 2011 mutanen gundumar duka kimanin 200 ne. Gaɓar tekunsa tsaunuka ne masu tsawo, sai 'yan lunguna da ruwa ya ƙwaƙule a tsakaninsu, ɗaya daga ciki shi ne lungun Pendour. Sunan ƙauyen ya samo asali daga Senara, waliyyiyar da aka sa wa cocin garin sunanta. Akan danganta ta da wata gimbiyar Bretan mai suna Asenora, wadda aka ce an yi mata ƙazafi tana da ciki, aka sa ta a ganga aka jefa a teku, ta haihu a can, ruwa kuma ya kai ta gaci lafiya. Ashe ke nan tun daga sunansa, ƙauyen yana ɗauke da labarin mace da teku.

Labarin Kamar Yadda Aka Fara Rubuta Shi

Wanda ya fara sa labarin 'yar ruwan Zennor a takarda shi ne William Bottrell, ɗan ƙasar, wanda aka haifa a 1816 ya rasu a 1881. Ya tattara labaran mutanensa cikin littattafai uku da suka fito a 1870 da 1873 da 1880. Labarin namu yana cikin na biyun, mai suna Traditions and Hearthside Stories of West Cornwall, watau al'adu da labaran bakin murhu na yammacin Konwal.

Ga yadda ya kawo shi a taƙaice. Wai a zamanin da, akwai wata mace kyakkyawa, mai tufafi na alfarma, da takan zo ibada cocin Zennor jefi-jefi, wani lokaci kuma ta je na Morvah da ke maƙwabtaka. Ba wanda ya san daga inda take fitowa, ba wanda ya san inda take komawa. Shekaru suka yi ta shuɗewa, amma ko alamar tsufa babu a jikinta. In ta ɗaga murya cikin waƙar ibada kowa sai ya saurara. Daga baya ta sa ido a kan wani saurayi mai suna Mathey Trewella, wanda ya fi kowa murya a gundumar. Ran nan sai ya bi ta. Tun daga ranar ba a sake ganinsa ba, ita ma ba ta ƙara leƙo cocin ba.

Ana nan, wata ranar Lahadi da safe, wani jirgin ruwa ya jefa ankarsa, watau ƙugiyar ƙarfen da ake tsayar da jirgi da ita, kimanin mil guda daga lungun Pendour. Can sai ga wata 'yar ruwa ta ɓullo ta yi wa shugaban jirgin magana, ta roƙe shi ya ɗaga ankar, don ta danne mata ƙofar gida, ga shi kuwa tana son shiga wurin 'ya'yanta. Matuƙan suka janye ankar da sauri suka bar wurin, domin a camfinsu ganin 'yar ruwa mugun fata ne. Da labari ya iso Zennor, mutane suka ce lalle ita ce baƙuwar nan da ta janye Mathey. Sai suka sa aka sassaƙa siffarta a katako don tunawa. Masu iya magana kan ce in kifi ya fito daga ruwa ya ce idon kada ɗaya ne, wa zai musa? Ga sassaƙa a coci, ga lungun Pendour, ga kuma sunan Trewella wanda sunan dangi ne na gaske a yankin.

Wanne Ya Riga Wani?

Sassaƙar tana nan har yau. Gefen wani tsohon benci ne, wanda aka haɗa aka mai da shi kujera, ana kiranta kujerar 'yar ruwa. An zana macen da doguwar suma da wutsiyar kifi mai ɓawo, ta ɗaga madubi a hannu ɗaya, mataji a ɗayan. Masana gine-ginen coci galibi suna sa aikin a ƙarni na 15. Akwai dalilai uku da ke sa a yi shakkar cewa labarin ne ya jawo ta.

Na farko, tazarar lokaci. Tsakanin ƙarni na 15 da shekarar 1873 akwai kimanin shekaru 400, kuma rubutun Bottrell shi ne mafi tsufa da aka sani. Na biyu, abin da sassaƙar ta ƙunsa. Da don tunawa da ɓatan Mathey aka yi ta, da an sa ran ganin saurayin, ko jirgin, ko ankar. Amma 'yar ruwan kaɗai ce. Na uku, kuma shi ne mafi ƙarfi, Zennor ba shi kaɗai ke da irinta ba. Cocunan tsakiyar zamani a Ingila da sauran Turai cike suke da 'yan ruwa, a jikin kujeru da ginshiƙai da bango, sau da yawa da wannan madubin da wannan matajin. A cikin Konwal ma, a cocin Breage, akwai zanen bango na Waliyyi Kiristofa yana ƙetare ruwa, ga 'yar ruwa da madubinta a kusa da ƙafafunsa. Ba zai yiwu a ce kowane gari daga cikin waɗannan ya rasa zabiyinsa a teku ba. Masassaƙin Zennor wani sanannen tsari ya bi, wanda shi da masu ba shi aikin suka san abin da yake nufi.

Ma'anar Asali

To, me yake nufi? A zamanin da galibin jama'a ba su iya karatu ba, zane da sassaƙa su ne littafin talaka, kuma 'yar ruwa tana da karatu iri biyu.

Na farko gargaɗi ne. Tsofaffin Girkawa suna da labarin wasu halittu masu zaƙin murya da ke jan matuƙa da waƙa har jirginsu ya fashe a kan duwatsu. A zanen Girkawa tsuntsaye ne masu kan mata, sai a tsakiyar zamani Turawa suka mai da su masu wutsiyar kifi. Malaman coci suka ɗauke su misalin ruɗin duniya: abu mai daɗin ji da kyan gani, wanda ƙarshensa halaka. Madubi da mataji alamar alfahari da ƙawa ne. Wanda ya zauna kusa da irin wannan sassaƙa, ana tuna masa ne ya tsare idonsa da kunnensa.

Na biyu kuwa ya keɓanta da Konwal. Akwai wani dogon wasan kwaikwayo na addini cikin Konwalanci mai suna Ordinalia, wanda aka tsara wajen ƙarshen ƙarni na 14, ana kuma kyautata zaton a makarantar malaman coci ta Glasney da ke Penryn aka rubuta shi. Kashi uku ne, akan yi kwana uku ana nuna shi a fili, a wani dandali mai da'ira da suke kira plen-an-gwari. Ɗaya daga cikin irin waɗannan dandali yana nan a St Just, ba nisa da Zennor. A kashi na biyu an nuna wasu malamai biyu suna jayayya a kan aƙidar Kirista da ke cewa Almasihu ya haɗa ɗabi'u biyu. Ɗaya ya ce abin ba zai yiwu ba, ɗayan ya kafa masa hujja da morvoren, watau budurwar teku, wadda rabinta kifi ne rabinta mutum. Wannan ya nuna cewa mutumin Konwal na wancan zamani ya san 'yar ruwa a matsayin misalin da ake koyar da aƙida da shi, cikin harshensa na gida. Ko wanne daga cikin karatun nan biyu masassaƙin ya nufa, zamanta a wurin ibada bai zama abin mamaki ga mutanen ƙarni na 15 ba.

Yadda Ma'anar Ta Ɓata

Abubuwa biyu suka taru suka yanke wannan igiya: sauyin addini da sauyin harshe. A 1534 Sarki Henry na 8 ya raba cocin Ingila da Paparoma. A 1548 aka rufe makarantar Glasney, cibiyar rubutun Konwalanci. A 1549 gwamnati ta tilasta yin ibada da sabon littafin addu'a na Ingilishi a maimakon Latin da aka saba da shi. Mutanen Konwal da na Devon suka yi tawaye, kuma cikin ƙorafin da suka gabatar har da cewa wasu daga cikin mutanen Konwal ba su jin Ingilishi. Aka murƙushe su, dubbai suka mutu. Ya kamata a lura da bambancin da ke tsakaninsu da 'yan'uwansu na Wales, waɗanda suka sami Littafi Mai Tsarki cikin harshensu a 1588, abin da ya taimaka ƙwarai wajen raya harshen. Konwalanci bai sami cikakkiyar fassara ba sai a 2011.

Sabon tsarin ibada bai yarda da zane-zane ba. Aka shafe na bango da farar ƙasa. Na Breage ma sai a ƙarshen ƙarni na 19 aka sake gano su. Wasannin dandali suka yi ta raguwa har suka mutu. Harshen kuma ya yi ta ja da baya zuwa yamma, har ya maƙale a ƙauyukan masunta na Penwith. Dolly Pentreath, mai tallan kifi ta garin Mousehole, wadda aka saba ambata a matsayin ta ƙarshe da ta tashi da harshen a bakinta, ta rasu a 1777. Daɗin daɗawa, tun daga zuwan John Wesley na farko a 1743, ɗariƙar Methodist ta kafu sosai a tsakanin masunta da mahaƙa, ita kuwa wa'azi da waƙar taro ta fi ba ƙarfi.

Sai a kwatanta yaron da ke zaune a cocin Zennor bayan duk wannan. Ga mace mai wutsiyar kifi a ɗakin ibada, ya tambayi kakarsa me ya kawo ta nan. Wa'azin da ke bayyana ta ya mutu, wasan da ke ambatonta ya mutu, harshen wasan ma yana gargara. Amma ruwa ba ya tsami banza, dole a sami amsa. Sai aka gina amsar da kayan da ke hannu: teku, da baƙuwar da ba a san asalinta ba, da waƙar coci, da saurayin da ya fita bai dawo ba.

Abin Da Labarin Ke Ɗauke Da Shi

Don an ce sassaƙa ce ta haifi labari, ba a ce labarin wofi ne ba. Gaskiyarsa tana cikin rayuwar masu ba da shi. A gaɓa irin ta Penwith, teku yakan ci samari, sau da yawa ba a ga ko gawar da za a binne ba. Labarin Mathey ya ba irin wannan rashi wata fuska da za a iya jurewa: yaron yana can ƙarƙashin ruwa, ga gida, ga 'ya'ya. Har ila yau, a daidai lokacin da Bottrell ke rubutu, ƙasar tana zubar da matasanta ta wata hanyar. Bayan faɗuwar farashin tagulla a 1866 ramukan haƙa da yawa sun rufe, dubban mahaƙa suka haye teku zuwa Amurka da Ostareliya da Afirka ta Kudu. Mai sauraro a 1873 ba ya bukatar a fassara masa labarin gwanin gari da ya bi wani kira ta teku ya ɓace.

Sauran 'yan ruwan Konwal ma haka aikinsu yake, kowace tana bayyana wani abu da ido ke gani. A Padstow, a bakin kogin Camel, akwai tudun rairayi da ya halaka jirage masu yawa. Aka ce wata 'yar ruwa ce da aka harbe ta la'anci tashar. A yankin Lizard akwai labarin Lutey, wanda ya tarar da 'yar ruwa ruwa ya janye ya bar ta, ya ɗauke ta ya mayar, ta saka masa da baiwar warkarwa da karya sammu; wannan ya bayyana inda wani gida na masu magani ya samo gadonsa. A Lamorna kuwa, an ce waƙarta kan wani dutse alamar fashewar jirgi ce. Robert Hunt ya kawo irin waɗannan cikin littafinsa na 1865, kuma Bottrell yana cikin waɗanda suka ba shi labarai.

Wasu sukan so su kashe maganar da cewa dabbobin teku ne matuƙa ke gani daga nesa. Akwai ƙamshin gaskiya a nan: a watan Janairu na 1493 Kolumbus ya rubuta cewa ya ga 'yan ruwa uku kusa da tsibirin Hispaniola, ya kuma ce kyansu bai kai yadda ake zana su ba, kuma an yarda cewa dangin ayu ya gani, irin wanda masuntan Binuwai da Kwara suka sani. Sai dai wannan bayani ya tsaya ga abin da aka hango. Bai faɗi dalilin da ya sa 'yar ruwan Zennor take zuwa coci ba. Amsar wannan tana jikin benci.

Irin wannan haihuwa, ta labari daga hoto, ba baƙuwa ba ce a Afirka ta Yamma. Bincike, musamman na Henry Drewal, ya nuna cewa sanannen hoton Mami Wata mai riƙe da maciji ya samo asali daga hoton wata mai wasa da macizai da aka buga a birnin Hamburg na Jamus wajen shekarun 1880, aka kuma sake buga shi da yawa a Bombay a 1955. Imani da iskokin ruwa ya riga hoton nesa ba kusa ba, amma da hoton ya iso ba tare da bayaninsa ba, sai jama'a suka ba shi bayani daga abin da suka riga suka sani.

Daga Bakin Murhu Zuwa Takarda

Kafin zamanin Bottrell, akwai masu yawon ba da labari a Konwal, suna bi gida-gida, a ba su abinci da makwanci su biya da hira da waƙa. Ɗaya daga cikinsu shi ne wani makaho mai suna Anthony James na garin Cury, wanda Bottrell ya jingina masa labarin Lutey. Da aka buɗe gadar jirgin ƙasa a kan kogin Tamar a 1859, jaridu da baƙi suka kwararo, wannan sana'a ta ƙarasa mutuwa. Abin da masu tattarawa suka kama shi ne ya tsira.

Shekaru biyu a jere sun isa abin lura. A 1890 aka yi wa cocin Zennor babbar kwaskwarima, kuma daga cikin tsofaffin gefunan benci biyu kaɗai suka rage, ɗaya shi ne na 'yar ruwa. Ba mamaki sunan da labarin ya yi mata yana cikin abin da ya tsirar da ita. In haka ne, ɗa ya rama wa uwa alheri. A 1891 kuma John Davey na Boswednack, manomi a cikin gundumar Zennor, ya rasu. Shi ne ake lissafawa cikin na ƙarshe da suka gaji wani abu na Konwalanci daga bakin iyaye, kuma akwai allon tunawa da shi a jikin wannan cocin. Ga 'yar ruwa a ciki, ga allon mai harshenta a jikin bango.

Harshen bai tafi ke nan ba. Henry Jenner ya wallafa littafin koyon Konwalanci a 1904, aka shiga farfaɗo da shi daga tsofaffin rubuce-rubuce, Ordinalia na kan gaba. Gwamnatin Birtaniya ta amince da shi a hukumance a 2002, UNESCO kuma ta cire shi daga jerin matattun harsuna a 2010. Labarin ma ya ci gaba da sauya kama. Masu sake ba da shi sun raɗa wa 'yar ruwan suna Morveren, alhali a wurin Bottrell ba ta da suna. Sun mai da shi labarin soyayya, sun ƙara cewa akan ji muryar Mathey daga ƙarƙashin ruwa. Marubuciya Helen Dunmore ta gina littafinta Ingo na 2005 a kansa, masu yawon buɗe ido kuma suna zuwa ganin kujerar.

Kammalawa

An ga yadda sassaƙa guda ta ratsa zamani uku: ta fara a matsayin darasin addini, ta koma shaidar tarihihi, ta zama abin kallon baƙi. Katakon bai sauya ba, masu karanta shi ne suka sauya. Darasin da ke ciki ga mai nazarin al'adun Hausawa a fili yake. Mu ma an tattara mana adabin baka a kusan wannan zamani, kamar aikin Frank Edgar na 1911 zuwa 1913 da na R. S. Rattray na 1913, kuma mu ma muna da rijiyoyi da duwatsu da ƙofofin gari da kowanne ke da labarinsa. Ya kamata duk wanda ya tsaya gaban irin waɗannan ya yi tambayoyi uku: yaushe aka yi abin, yaushe aka fara jin labarin, me kuma ya faru da harshe da imanin mutanen wurin a tsakanin lokutan biyu? Mutanen Zennor sun adana bencinsu shekaru ɗaruruwa, amma sai da aka koma ga rubutun Konwalanci kafin a sake jin abin da kakanninsu ke nufi da morvoren.